Yadda Matar Aure Za Ta Sauya Suna a Takardun Hukuma a Sakkwato

Babu dokar Najeriya da ta tilasta wa mace ta ajiye sunan mahaifinta don ta yi aure. Banki zai buɗe wa matar aure asusu da sunan mahaifinta, za a ba ta fasfo da shi, za a ɗauke ta aiki da shi. A nan Sakkwato ma abin da aka gada ke nan. Nana Asma'u ta auri Waziri Giɗaɗo, amma har yau da sunan mahaifinta Shehu Usmanu ake kiranta. Malamai da dama suna kafa hujja da aya ta 5 ta Suratul Ahzab, wadda ta ce a kira mutane da sunan ubanninsu, suna ganin bai dace mace ta jingina kanta ga sunan miji ba. Idan wannan na damun zuciyarki, tambayi malamin da kika yarda da shi kafin ki taka ƙofar kotu.

Ki kuma bincika ko da gaske ne ana neman sauyin. Masu shirin bautar ƙasa sun daɗe suna sauya suna don NYSC ta bar su a garin da miji yake, amma a ƙarshen 2024 hukumar ta janye wannan sharaɗi. Galibin wuraren da ake son tabbatar da aure, takardar shaidar aure ake nema, ba sunan miji a katin ɗan ƙasa ba. Idan babu wata buƙata, shawara ita ce ki bar sunanki yadda yake. Idan kuwa kin yanke shawara, to ki yi aikin har ƙarshe, domin mafi yawan wahalar da mata ke sha tana zuwa ne daga sauyin da aka fara aka bari a tsakiya: lambar ɗan ƙasa (NIN) da sunan miji, lambar tantancewa ta banki (BVN) da sunan uba, fayil ɗin wurin aiki da wani rubutun daban.

Fara da takarda da biro

Kafin ki biya ko sisi, rubuta sabon sunan da manyan baƙaƙe a farar takarda, ki raba shi gida uku kamar yadda rumbun bayanai na NIMC, hukumar da ke bayar da NIN, da na banki suke raba shi: sunan iyali, sunan yanka, sunan tsakiya. A ce sunanki Asma'u, mahaifinki Bello, mijinki Aliyu. Hanyar da ta fi sauƙin karewa nan gaba ita ce Aliyu ya shiga gidan sunan iyali, Bello ya koma tsakiya. Duk ma'aikacin da ya riƙe tsohuwar takardar makarantarki da sabon katinki zai ga sunaye biyu sun dace, ba sai an yi dogon bayani ba. Wadda ta goge sunan uba gaba ɗaya ta bar wa kanta suna ɗaya tak da zai haɗa tsofaffin takardu da sababbi.

Sai rubutun kansa. Muhammad, Mohammed da Muhammadu suna ɗaya ne a kunne, amma uku ne a kwamfuta. Haka Usman da Usmanu, Abubakar da Abubakr, Aisha da Aishatu. Ɗauki katin NIN na mijinki ki kwafi rubutun sunansa harafi bayan harafi, kada ki dogara da yadda aka buga a katin gayyatar biki. Haruffa masu lanƙwasa irin su ɗ da ƙ ba sa shiga waɗannan rumbuna, Ɗanladi zai fito Danladi. Alamar hamza da ke cikin Asma'u ko Sa'adatu ma takan jawo rikici, wani rumbun ya karɓa, wani ya zubar, kuma layukan da na'ura ke karantawa a ƙasan shafin fasfo ba sa ɗauke da ita ko kaɗan. Duba yadda sunan yankanki yake a NIN yanzu, ki bar shi haka, kada ki taɓa shi.

Abubuwa biyu sun shafi mutanenmu musamman. Da yawa daga mazan Sakkwato sunan garinsu ne sunan iyalinsu: Tambuwal, Wamakko, Gwadabawa, Boɗinga, Wurno. 'Yar Yabo da ta ɗauki sunan Wurno ba ta zama 'yar ƙaramar hukumar Wurno ba. Takardar shaidar asalinta tana nan yadda take, kuma ranar tantancewar ɗaukar aiki za a tambaye ta dalilin bambancin. Na biyu shi ne kishiyoyi. Idan uwargida sunanta Hadiza, amarya ma Hadiza, duk suka ɗauki sunan maigida, an samu mutum biyu masu suna ɗaya a adireshi ɗaya, kuma kuɗi ko katin asibiti na iya kuskurewa. Sunan uba a tsakiya shi ne maganin wannan.

Takardar shaidar aure

Ita ce tushen komai, kuma yawancin auren da aka ɗaura a masallaci ko ƙofar gida ba a karɓar ta a ranar. Ana samun ta daga baya a kotun shari'ar Musulunci. Galibi za a buƙaci mijin ko waliyyinki ya bayyana, da sunayen shaidu biyu, da ranar da wurin ɗaurin aure, da adadin sadaki, da hotunan fasfo na ango da amarya. Wasu masallatai da ƙungiyoyin addini suna bayar da tasu takardar. Tana da amfani, amma mai hatimin kotu ta fi karɓuwa a banki da ofishin fasfo. Kiristoci kuwa sukan fito da tasu daga coci mai lasisi ko ofishin rajistar aure.

A takardar auren, sunanki na gidan uba ne ya kamata ya fito, daidai da na NIN ɗinki ta yanzu. Kuskure ne a rubuta ki da sunan miji a nan, domin aikin takardar shi ne ta nuna cewa wance 'yar wane ta auri wane.

Kada wani ya ce ku je ofishin rajista ku sake ɗaura aure don kawai a samu takarda mai kyau. Auren da aka yi a ƙarƙashin Dokar Aure ta tarayya aure ne na mace ɗaya, kuma Babbar Kotu ce kaɗai ke iya raba shi. Musulmin da ya sa hannu a kansa ba tare da ya san haka ba ya shigar da kansa wani tsarin shari'a daban.

Takardar rantsuwa

Wannan ita ce afidabit. Ana yin ta a gaban kwamishinan rantsuwa a rajistar Babbar Kotun Jiha, ko ta Tarayya, ko wajen lauyan da ke da izinin rantsar da mutane. Tafi da kanki, da hotunan fasfo biyu, da katin NIN, da takardar aure. Za a buga rubutun, ki biya kuɗin kotu a ba ki rasit, ki sa hannu a gaban kwamishina, shi ma ya sa hannu ya buga hatimi da kwanan wata.

Abin da dole ya fito a ciki: cikakken tsohon suna, cikakken sabon suna, dalilin sauyi, ranar aure da sunan miji, adireshinki, da jimlar da ke cewa duk takardun da ke ɗauke da tsohon suna suna nan da ingancinsu. Idan takardunki na baya sun zo da rubutu iri-iri, misali Asmau a WAEC, Asma'u a digiri, ki sa a jero dukkansu a cikin wannan rantsuwa ɗaya, a ce duk mutum ɗaya ne. Hakan ya fi ki riƙa komawa kotu kan kowace takarda.

Karanta kafin ki sa hannu. Masu buga takardu a bakin kotu sukan ɗora sabon suna a kan tsohon rubutun da suka yi wa wani, sai a bar shekarun wancan ko garinsa a ciki. Idan Turanci na ba ki wahala, kina da haƙƙin a karanta miki a fassara, kuma a rubuta a ƙasan takardar cewa an yi hakan. Kada ki ba ɗan kamasho kuɗi ya kawo miki takarda gida. Takardar da ba ta da rasit kuma ba ta shiga rajistar kotu ba, duk ranar da aka bincika za a ce jabu ce, kuma sunanki ne a kanta. Rantsuwa a kan ƙarya laifi ne da ake hukuntawa.

Sanarwar jarida

Bayan rantsuwa, ba kafin ta ba. Kai kwafin afidabit ga wakilin talla na jaridar da ke fita a faɗin ƙasa, irin su Daily Trust, Leadership, Punch ko The Nation. Sanarwar layi huɗu ce ko biyar da Turanci: ni da aka sani da suna kaza, daga yanzu a kira ni kaza, takardun baya suna nan daram, jama'a su lura. Nemi a nuna miki rubutun kafin a aika, ki gwada shi da farar takardar nan da kika rubuta tun farko. Harafi ɗaya ya kauce, sai an sake bugawa an sake biya.

Ranar da ta fito, sayi kwafi biyu ko uku. Kada ki yanke ɗan akwatin da sunanki yake da almakashi. Cikakken shafin ake so, wanda sunan jaridar da kwanan wata da lambar shafi suke a samansa. Yi masa fotokwafi nan take ki kuma ɗauki hotonsa mai kyau, domin takardar jarida ba ta jure zafin Sakkwato, cikin 'yan shekaru za ta yi ja ta fara karyewa a wurin ninki.

Ga yawancin mata, takardar aure da rantsuwa da jarida sun isa. Amma mai niyyar tsayawa takara, ko neman babban muƙami, ko mai dukiyar da za a iya yin shari'a a kanta, ta ƙara mataki. Ranar 13 ga Fabrairun 2020, ana gobe rantsarwa, Kotun Ƙoli ta soke nasarar David Lyon a matsayin gwamnan Bayelsa saboda takardun mataimakinsa, Biobarakuma Degi-Eremienyo, suna ɗauke da sunaye mabambanta. Yana da takardun rantsuwa da sanarwar jarida, amma kotu ba ta gamsu da su ba. Hanyar da hukuncin ya nuna ita ce takardar sauya suna da lauya ke tsarawa, wadda suke kira did pol, sannan a buga sauyin a gazet, wato jaridar sanarwar hukuma ta gwamnati. Wannan aikin lauya ne, kuma kuɗinsa ya fi na afidabit nesa ba kusa ba.

NIN kafin komai

Yanzu kusan kowace hukuma daga rumbun NIMC take jawo suna: ofishin fasfo, kamfanonin waya, JAMB, bankuna, hukumar fansho. Wadda ta fara da banki ko fasfo za a mayar da ita ta gyara NIN tukuna. Lambar mai alƙaluma 11 ba ta canzawa, sunan da ke jikinta ne kawai zai canza. Kada ki kuskura ki sake sabuwar rajista da sabon suna. Zanen yatsunki zai nuna cewa kina ciki, a riƙe rajistar ta biyu, kuma warware wannan ya fi gyaran suna wahala.

Tun 2024 ana yin gyaran ta shafin intanet na NIMC na yi-da-kanka. Za ki buɗe asusu da NIN da imel, na'ura ta ɗauki fuskarki ta gwada da hoton da ke rumbu, ki zaɓi gyaran suna, ki ɗora hotunan takardar aure da rantsuwa da shafin jarida, ki biya. A jadawalin da hukumar ta fitar a watan Mayun 2025, gyaran suna naira 2,000 ne, na ranar haihuwa kuwa naira 28,574. Duba farashin ranar a shafin kafin ki biya.

Inda ake yawan tuntuɓe shi ne hoto. Takardar da aka ɗauka a cikin ɗaki mai duhu, ko aka yanke gefen da hatimi yake, za a ƙi ta. Shimfiɗa takardar a wuri mai haske, kusurwoyinta huɗu su fito. Wajen ɗaukar fuska ki fuskanci haske, hijabi ba matsala ba ne muddin goshi da haɓa suna bayyane, niƙabi da tabarau kuwa sai an cire. Yi amfani da wayarki da imel ɗinki, ba na mai shagon intanet ba, domin asusun yana ɗaure da na'urar da aka buɗe shi da ita, kuma duk saƙon amincewa ko ƙin amincewa ta imel ɗin zai zo. Idan abin ya gagara, ofishin NIMC na jiha yana nan. Bayan an amince, fitar da sabon silif, wato takardar shaidar NIN, ki duba shi harafi bayan harafi. Ki ba shi 'yan kwanaki kafin ki wuce mataki na gaba, saboda sauyin ba ya isa sauran rumbuna a rana ɗaya.

Banki

Abu biyu ne a nan, kuma ana yawan ɗaukar su ɗaya: sunan da ke kan BVN, da sunan da ke kan asusu. Je reshen bankinki da sabon silif na NIN, da asalin takardun nan uku da kwafinsu, ki cike fom ɗin gyaran BVN da na gyaran bayanan asusu. BVN guda ɗaya ce ga duk bankuna, don haka sau ɗaya ake gyara ta. Sunan asusu kuwa sai kin bi kowane banki da kike hulɗa da shi, har da na waya irin su OPay da Moniepoint. Asusun da aka manta shi ne wanda wata rana za a tura masa kuɗi a ga suna bai dace ba, ko a taƙaita cire kuɗi daga cikinsa.

Ma'aikaciya ta kula da lokaci. Idan sunan asusun albashi ya canza alhali takardar biyan albashi tana ɗauke da tsohon suna, kuɗin na iya komawa. Ki yi gyaran banki a farkon wata bayan albashi ya shiga, kuma a makon nan ki miƙa takardarki a wurin aiki. Wasiƙa ce gajera zuwa ga shugaban ma'aikata ta hannun shugaban sashenki, haɗe da kwafin takardu, ki riƙe kwafi ɗaya da aka buga wa hatimin karɓa. Ma'aikatan tarayya su tabbata gyaran ya kai IPPIS, tsarin da ake biyan albashinsu da shi. Daga nan sai kamfanin fanshonki, wanda shi ne aka fi mantawa, kuma matsalarsa ba ta bayyana sai ranar ritaya ko ranar da magada suka zo karɓar haƙƙi. A wannan zaman ki sabunta sunan magajin da ke fayil.

Fasfo

Ba a gyara suna a cikin tsohon fasfo, sabon littafi ake bugawa, kuma sai bayanan sun dace da NIN. Daga 1 ga Satumban 2025, mai shafi 32 na shekara biyar naira 100,000 ne, mai shafi 64 na shekara goma naira 200,000. Saboda haka, idan fasfonki ya kusa ƙarewa, haɗa sauyin suna da sabuntawa ki biya sau ɗaya. Za ki cike fom a shafin Hukumar Shige da Fice, ki zaɓi sauyin bayanai saboda aure, ki ɗora takardun, sannan ki je ofishin fasfo a ɗauki hoto da yatsu, da tsohon fasfon a hannu.

Kada ki taɓa suna idan tafiya ta matso. Wadda ta biya kuɗin kujerar Hajji ta miƙa fasfo ga hukumar alhazai ta jiha, ko aka buga mata bizar Umara, ta dakata har ta dawo. Biza da tikiti da fasfo dole su zo da suna ɗaya, kuma a filin jirgi ba a sauraron bayanin afidabit. Idan akwai biza mai sauran rai a tsohon fasfo, tambayi ofishin jakadancin ƙasar kafin ki sauya.

Takardun makaranta ba sa canzawa

WAEC, NECO, NBAIS da digirin Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo ko NCE ɗin da kika riga kika karɓa za su zauna da sunan da kika yi karatu da shi har abada. Ba laifi ba ne, kuma kada ki bari kowa ya goge ko ya ƙara harafi a jikinsu. Duk inda za ki miƙa su, ki haɗa da kwafin takardar aure da rantsuwa da jarida.

Ɗalibar da ke tsakiyar karatu ita ce ta fi kowa shiga haɗari. Tun 2021 JAMB daga NIN take ɗaukar suna, NYSC kuma tana gwada sunan da makaranta ta aiko da wanda ke JAMB. Wadda ta sauya NIN a aji uku tana iya zuwa ranar rajistar bautar ƙasa da sunaye biyu da ba su haɗu ba. Mafi sauƙi shi ne ta jira har ta karɓi takardar kammala karatu da ta bautar ƙasa. Malaman makaranta su sanar da TRCN, hukumar rajistar malamai, ma'aikatan jinya da ungozoma su sanar da majalisarsu, domin lasisin aiki ya dace da sabon suna.

Sauran ba su da wuya. Layin waya a ofishin kamfanin, da sabon silif. Katin zaɓe sai lokacin da INEC ta buɗe rajista, kuma gyara za ki nema, ba sabuwar rajista ba. Lasisin tuƙi a lokacin sabuntawa. Katin inshorar lafiya na NHIA ko SOCHEMA, da rajistar CAC, hukumar rajistar kamfanoni, ga mai kasuwanci. Takardar haihuwarki da ta asalin ƙaramar hukuma ba a taɓa su. Takardun fili da gida da kika mallaka kafin aure suna nan da ƙarfinsu a tsohon suna, sai dai ki ajiye kwafin rantsuwar a tare da su.

Asalin takardun nan uku su zauna a jaka ɗaya a wurinki, ba a ofis ba, ba a hannun wani ba, kuma kada ki liƙe su da leda mai zafi, domin wasu ofisoshi ba sa karɓar takardar da ba za a iya taɓa hatiminta ba. Kwafi kawai ake bari a ofis. Idan aure ya mutu ko miji ya rasu, suna ba ya komawa da kansa. Mai son komawa sunan mahaifinta za ta bi wannan hanya daga farko, da takardar saki daga kotu ko takardar shaidar rasuwa a madadin ta aure, sai sabuwar rantsuwa, sabuwar jarida, NIN, banki da fasfo. Tsofaffin takardun sauyin farko ma kada ta yar da su, domin duk abin da ta sa wa hannu a shekarun auren da wancan suna yake.